Amsa: Sa mai kallo zargi a gajeren fim na ɗaki ɗaya

Malam, ka tambayi yadda ɗan wasa ɗaya a ɗaki ɗaya zai sa mai kallo fargaba. Fara da sauti. Nemi ɗakin ƙasa a cikin Birnin Zariya, ya fi na bulo shanye amo. Kashe fanka, nisanta janareta, ka naɗi shirun ɗakin na minti 1 don cike giɓi wajen tacewa, in ba haka ba duk yanka, wato inda aka yanke hoto aka haɗa da wani, sai kunne ya kama shi.

Kafe kyamara, fitila ɗaya daga gefe, ƙofa a buɗe kaɗan a bayan ɗan wasan, daƙiƙa 20 ba yanka. Kada ka nuna wanda ake zargin yana laɓe a bayan ƙofar, da an gan shi zargi ya ƙare. Takun takalmi a zaure ya fi kiɗa aiki.