Alƙali Ya Ba Ni Riƙon 'Ya'yana, Ubansu Ya Ƙi Miƙo Su

Tambaya: Assalamu alaikum Malam. Aurena ya mutu, muna da yara biyu, namiji ɗan shekara 7 da mace 'yar shekara 4. Na kai ƙara kotun shari'a, alƙali ya ba ni riƙonsu, amma uban ya kai su gidan yayarsa ya ƙi miƙo su. Yayyena maza sun ce mu tare yaran a hanyar Islamiyya mu kwaso su. Ya halatta?

Amsa: Wa alaikumus salam wa rahmatullah. Baiwar Allah, Allah Ya yaye miki wannan damuwa.

Abin da alƙali ya yanke shi ne mazhabar Malikiyya: uwa ce ta fi cancanta da riƙo, namiji har ya balaga, mace har ta tare a gidan mijinta. Abu Dawud ya ruwaito cewa Manzon Allah (SAW) ya ce wa matar da aka saka, uban yana son ƙwace ɗanta: "Ke kika fi cancanta da shi matuƙar ba ki yi aure ba." Ko kin yi auren ma, mahaifiyarki ce ke biye da ke, ba shi ba, balle yayarsa.

Saboda haka uban yana cikin saɓo biyu: ya raba uwa da 'ya'yanta, ya kuma bijire wa hukunci. Tirmizi ya ruwaito daga Abu Ayyub cewa wanda ya raba uwa da ɗanta, Allah zai raba shi da masoyansa ranar alƙiyama. Yayar tasa da ta karɓi yaran tana sane, ita ma da kashinta na alhaki. Ina ma iyaye maza za su dubi Sayyidina Umar. Imam Malik ya kawo a Muwaɗɗa cewa Umar ya iske ɗansa Asim yana wasa a Ƙuba, ya ɗora shi kan dabbarsa, kakar yaron ta wajen uwa ta ja da shi, suka je gaban Abubakar. Abubakar ya ce wa Umar ya bar mata yaron, Umar bai ko mayar da magana ba. Umar ne fa! Idan tsohon mijinki yana ganin an zalunce shi, ya ɗaukaka ƙara. Sashe na 277 na kundin tsarin mulkin 1999 ya ba Kotun Ɗaukaka Ƙara ta Shari'a ikon duba sha'anin riƙon yara.

Shawarar yayyenki kuwa, ban ga halaccinta ba. Zartar da hukunci aikin hukuma ne. In kun tare su yau, gobe dangin uban su tare ku, ana iya zub da jini, yaran kuma su tashi da firgicin ganin kawunnensu da baffanninsu suna kokawa a kansu. Shari'a ta sanya riƙo ne don maslahar yaro, ba ta yarda a karɓe shi ta hanyar da za ta cuce shi ba.

Ki koma kotun da ta yanke hukuncin da takardarki, ki nemi a zartar. Wajibi ne alƙali ya yi masa sammaci, ya tura ma'aikatan kotu da 'yan sanda in ta kama, kuma yana da ikon tsare shi har ya miƙo su. A wasiƙar Umar ga Abu Musa al-Ash'ari ya ce faɗin gaskiyar da ba a zartar da ita ba ba shi da amfani. Alƙalin da ya rubuta hukunci ya bar mace tana zarya wata da watanni, za a tambaye shi. Ba laifi ki sa mai unguwa ko limami su yi masa magana kafin nan, ko zai miƙo su cikin mutunci.

In sun dawo hannunki, ci da sha da sutura da karatunsu suna wuyan uban, kuma bai halatta ki hana shi ganinsu ba, domin aya ta 233 ta Suratul Baƙara da ta hana a cutar da uwa saboda ɗanta, ta hana a cutar da uba ma.

Wallahu a'alam.