Kun Tambaya: Wai da gaske a filin wasan jami'a ake sayar da giya a Amurka?

TAMBAYA: Assalamu alaikum Malam. Ɗana ne yake karatu a wata jami'a a Amurka, shekararsa 19, rannan ya turo min bidiyo suna filin wasa shi da abokansa wai makarantarsu ce ke buga ƙwallo, ina cikin kallo ina murna sai na hango mutanen da ke bayansu kowa riƙe da kofi, na tambaye shi ya ce ai giya ce Mama, a cikin filin ake sayarwa. Wallahi tun ranar hankalina bai kwanta ba. Wai makaranta ce da kanta take sayarwa? Babu doka ne? Kuma in hana shi zuwa ne ko yaya zan yi? Daga wata uwa.

AMSA: Wa alaikumus salam Hajiya. Yaro bai yi miki ƙarya ba, ana sayarwa, kuma da sanin makarantar, kuɗin ma wani kaso aljihunta yake shiga. Amma abin bai daɗe da zama haka ba, kuma akwai doka, sai dai dokar tasu ce sai an ɗan zauna an warware ta.

Shi dai ɗanki a dokar ƙasar bai isa ya saya ba. Tun 1984 majalisar tarayyarsu ta yi dokar da ta ce duk jihar da ta bar ɗan ƙasa da shekara 21 ya sayi giya za a zaftare mata wani kaso na kuɗin gina manyan tituna, jihar South Dakota ta kai ƙara har kotun ƙoli a 1987 ta sha kaye, daga nan kowace jiha ta bi. Dalilin wannan zagaye-zagaye kuwa shi ne tun da aka janye haramcin giya na ƙasa baki ɗaya a 1933, ikon tsara cinikinta hannun jihohi ya koma, shi ya sa ba za ki samu doka guda da ta hau kan duka jami'o'i ba. Jiha tana da nata, ƙungiyar da jami'ar ke buga gasa a cikinta tana da nata, ita ma jami'ar hukumar gudanarwarta sai ta zauna ta amince.

Wasan da kika gani kuma ba ƙwallon da muka saba kallo ba ce, irin tasu ce da ake runguma a ruga da gudu, kuma kar ki ɗauka ɗan filin makaranta ne da benci biyu. Filin jami'ar Michigan kaɗai yana cin mutum sama da dubu 107, mafi yawansu ba ɗalibai ba ne, tsofaffin ɗalibai ne da mutanen gari masu iyali, su ne ake hari da wannan ciniki. A da can yawancin manyan jami'o'i ba sa sayarwa ga gama-gari, amma fa a ɗakunan alfarma na sama inda masu ba makaranta gudummawa ke zama ana sha babu mai cewa uffan, talaka ne da ke kan benci aka hana. Wannan bambanci ya taɓa jawo rigima a Minnesota, ƴan majalisar jihar suka ce in za a ba manya to a ba kowa, jami'ar ta ce to kowa ya rasa, aka zauna a haka har 2012 sannan aka fara sayarwa.

Wadda aka fi kawo misali da ita jami'ar West Virginia ce, a 2011 shugaban sashen wasanninta Oliver Luck ya fara sayar da giyar biya a filinsu, hujjarsa kuma in kika ji ta sai kin yi shiru tukuna. Ya ce mutanen nan ko an hana su a ciki sha suke yi, kuma mummunan sha. Akwai wata al'ada tasu da suke kira telgetin, tun da safe mutane za su cika wurin fakin motoci su buɗe bayan mota su kafa rumfa su kunna gawayi ana gasa nama ana kiɗa, awa huɗu ko biyar kafin wasa, to wanda ya san da ya shiga ƙofa ba zai ƙara samu ba sai ya yi ta ɗurawa cikinsa a gurguje a mintunan ƙarshe, wani ya ɓoye ƴar kwalba a safa ko cikin rigar sanyi, kuma da an tafi hutun rabin lokaci sai su fita mota su ƙara su dawo. Luck ya ce gara a sayar a ciki da tsada, ana duba katin shaida, ana ƙayyade kofi nawa mutum zai karɓa, sannan ya soke fita a dawo ɗin nan, in ka fita ka fita kenan. Makarantar ta ce rigingimu sun ragu bayan haka.

Ni dai a nawa ganin soke fita a dawo ɗin nan ya yi aiki ko fiye da sayarwar, amma masu son ciniki rabin labarin kawai suke ɗauka. Don akwai misalin da ya tafi akasin haka, jami'ar Colorado ta hana sayar da biya a filinta a 1996, masu bincike suka bi alƙaluma suka ga kame da faɗace-faɗace da korar ƴan kallo daga fili duk sun ragu bayan hanin. Kin ga kowane ɓangare yana da labarin da zai ɗaga ya ce ga shaida. Ita ma Colorado ɗin daga baya ta koma sayarwa.

Daga nan fa abin ya zama kamar an buɗe dam. Jami'ar Texas ta fara a 2015, ta Ohio State a 2016. Hukumar NCAA mai kula da wasannin jami'o'i, wadda ta daɗe tana hanawa a gasanninta na ƙarshe, ta gwada a 2016 a gasar besbol da ake yi a Omaha, a 2018 ta cire hanin. Ƙungiyar SEC ta jami'o'in kudu maso gabas, yankin da aka fi sani da riƙo da coci, ta janye nata hanin a 2019 ta bar wa kowace makaranta zaɓi. Alabama ta shiga a 2022, Michigan sai da jihar ta canza doka a 2023 sannan aka fara a babban filin a 2024. Wani ƙidaya da kamfanin labarai na AP ya yi a 2023 ya nuna 55 cikin manyan jami'o'i 69 suna sayarwa ga gama-gari. Waɗanda suka tsaya kan bakansu irin su BYU ne a Utah, ta cocin Mormon, su kam ko a wajen fili ɗalibinsu ya sha ya karya alƙawarin makaranta.

In kika tambaye ni me ya kawo wannan rububi, kuɗi ne Hajiya, sauran bayanan ado ne. Mutane sun gano zama a gida gaban ƙatuwar talabijin ya fi sauƙi, ba layi ba sanyi ba kuɗin fakin, dole makarantu suka shiga neman abin da zai jawo su, ga albashin masu horarwa ya kai miliyoyin daloli, ga shi tun 2025 an ba makarantu damar raba wa ƴan wasansu kuɗi kai tsaye har kusan dala miliyan 20.5 a shekarar farko, ina za a samo? Ko'ina aka ga ƙofa. Abin dariyar kuma ribar ba kullum take kai yadda ake zuzutawa ba, Minnesota a shekararta ta farko ta yi cinikin sama da dala dubu 900 amma da aka cire kason kamfanin da ke sayarwa da kuɗin ƙarin masu tsaro da sauran hidima sai ga ta da asarar kusan dala dubu 16.

Sharuɗɗa akwai su, ba zan ce babu ba. Lokacin da SEC ta buɗe ƙofa ta ce biya da giyar inabi kawai a wurin gama-gari banda masu ƙarfi irin su wuski, a kanta za a saya ba mai yawo da ita cikin kujeru yana talla, sai an duba katin shaida, a zuba a kofi, kuma da zango na uku ya ƙare cikin zango huɗu na wasan a rufe ciniki don mutane su ɗan dawo hayyacinsu kafin su kama sitiyari. Amma takarda daban fili daban. A Oktoban 2021 a filin Tennessee ƴan kallo suka fusata da hukuncin alƙalin wasa suka yi ta jifa da gwangwanaye da robobin ruwa, har ƙwallon golf aka jefi mai horar da abokan karawarsu na jami'ar Ole Miss da ita, wasa ya tsaya kusan minti 20, SEC ta ci makarantar tarar dala dubu 250 ta kuma gargaɗe ta cewa za a iya ƙwace mata izinin sayar da giyar. Sannan babban ramin da kowa ya sani, ɗan shekara 21 ya saya ya koma kujera ya miƙa wa na kusa da shi ɗan 19, wa zai gani cikin mutum dubu 90?

Batun ki hana shi zuwa kuwa, ni ba zan ba ki wannan shawara ba, don kina nan yana can, in kika hana zai je ne kawai ya daina turo miki bidiyo, kuma yaron da ya turo wa uwarsa bidiyo ya amsa mata gaskiya da ta tambaya ba shi ne abin tsoro ba. Cikin filin ma ya fi ko'ina tsaro a ranar, ga ƴan sanda ga kyamara ga tsada. Inda zan so ki ja masa kunne wurin fakin ne kafin wasa da gidajen da ake haɗuwa bayan wasa, can babu mai duba kati babu mai ƙirga kofi. Ki tambaye shi da su wa yake tafiya, wa ke tuƙa su in an tashi, kar ya shiga motar wanda ya sha ko da kofi ɗaya ya ce ya sha. Kar ya riƙe wa aboki kofi ko na minti ɗaya, don a jihohi da yawa samun ɗan ƙasa da 21 da giya a hannu laifi ne ko bai kurɓa ba, kuma ɗalibin da ke zaune da biza ƙaramin kame yana iya zame masa babban ciwon kai. Wasu filayen suna ware ɓangaren da ba a shan giya don masu iyali, ya duba ko nasu yana da shi. Allah Ya tsare mana su.

TAMBAYA: Malam ni ɗalibi ne a can, an ba ni aikin wucin gadi a kantin abinci na filin wasanmu, sai daga baya na ji har biya ake sayarwa a wasu kantunan. In ajiye aikin ne?

AMSA: Ƙanena kar ka yi saurin ajiyewa, ka fara zuwa wurin mai raba aiki ka gaya masa kai tsaye addininka bai yarda ka sayar ko ka miƙa giya ba, a sa ka inda babu ita, ko wurin duba tikiti ko nuna wa mutane kujera. Ba alfarma kake roƙo ba, dokar kare haƙƙin jama'a ta 1964 ta wajabta wa mai ɗaukar aiki ya yi ƙoƙarin daidaita wa ma'aikaci batun addininsa muddin ba zai jawo masa babbar wahala ba, kuma a fili mai kantuna barkatai wannan ba wahala ba ce. Ko ba don addini ba ma wurin akwai haɗari, in ka sayar wa wanda bai kai shekaru ba kai mai miƙawa ake fara kamawa, kuma ƴan sanda kan turo matasa da gangan su gwada masu kanti. Sannan da yake sau da yawa kamfanin waje ne ke gudanar da kantunan nan ba jami'ar ba, ka leƙa ofishin ɗaliban ƙasashen waje su tabbatar maka aikin ya shiga cikin wanda bizarka ta yarda da shi, awa 20 a mako lokacin karatu.

TAMBAYA: To me ya sa a wasannin Firimiya ba ma ganin ƴan kallo da kofi a kan kujera?

AMSA: Doka ce ta 1985 a Ingila, lokacin da rigimar ƴan kallo ta yi ƙamari, ta hana shan giya a duk inda ake hango filin ƙwallo a manyan wasanni. Suna sha, amma a can ciki bayan kujeru inda kyamara ba ta nuno maka, shi ya sa da an busa hutun rabin lokaci za ka ga kujeru sun yi fayau, an dawo wasa ma wasu ba su dawo ba.