Ana iya rayuwa da aikin cika fili a wasannin rana na Amurka?

Ɗan'uwa, ka ce kana Los Angeles, kana tambaya ko fitowa a bayan taurari a wasannin kwaikwayo masu dogon zango da ake nunawa a talabijin da rana zai riƙe mutum. Gaskiya shi kaɗai da wuya, domin kasuwar ta tsuke. Tsakanin 2009 da 2012 an rufe manyan wasanni huɗu, har da Guiding Light, waɗanda suka rage kuma sun rage kashe kuɗi, ba sa cika ɗaki da mutane kamar da.

Amma aikin sana'a ce, kada ka raina ta. Za a sa maka kayan ma'aikacin jinya a wasan General Hospital, wanda ake nunawa tun 1963, ka wuce da takardu daidai lokacin da aka nuna maka. In a gidan abinci aka zaunar da kai, baki kawai za ka riƙa motsawa ba sauti, ko cokali ba a so ya yi ƙara, don kada ya shiga maganar taurari. Sauri ake yi sosai, sau da yawa ɗauka ɗaya ce, saboda kusan kowace ranar aiki sai an nuna sabon kashi. Wanda bai iya natsuwa ba, ba a sake kiransa.

Ka yi rajista da Central Casting, kamfanin da ke samo wa masu shirya wasanni masu cika fili, ka nemi shiga ƙungiyar 'yan wasa ta SAG-AFTRA, domin ita ke tsayar da mafi ƙarancin albashi da kuɗin ƙarin lokaci. In aka saba da fuskarka, ana iya ba ka 'yar magana ta layi biyar ko ƙasa da haka, kuɗinta ya fi. Ka dai riƙe wani aikin a gefe.