Mai Adana Kwanaki a Fadar Aljanu

Tambaya: Malam, ina rubuta ƙagaggen labari game da wani ma'aikaci a fadar aljanu, wanda aikinsa adana ilimi da kwanaki. Yaya zan sa masu karatu su gaskata aikinsa? Daga wata ɗaliba, Sakkwato.

Amsa: Malama, ki ziyarci Cibiyar Tarihi da Al'adu ta Waziri Junaidu da ke nan Sakkwato, ki dubi tsofaffin littattafan da aka rubuta da hannu. Takardunsu ba a ɗinke suke ba, shi ya sa mai kwafi yakan rubuta kalmar farko ta shafi na gaba a ƙasan wanda ya kammala, domin idan sun watse a mayar da kowace gurbinta. A ganina, haka ya kamata ma'aikacinki ya riƙa jera kwanaki, har ranar da gara za ta cinye masa kalmar da ke haɗa jiya da yau.