An ba da belin manajan asusunmu, ina amfanin kotu?

Tambaya: Assalamu alaikum Lauya. Atamfa nake sayarwa a kasuwar Kejetia, a Kumasi. Shekara shida ina zuba kuɗi a wata ƙungiyar ajiya da bashi ta gama-kai a unguwarmu, Aboabo. Rannan muka je ɗiba aka ce babu. An kama manajan, amma Juma'ar da ta biyo baya sai ga shi a masallaci. Wata takwas ke nan ana ce mana ana bincike. Ba kotu ce ya kamata ta tsaya a kansu ba?

Amsa: Wa alaikumus salam Hajiya, Allah ya mayar da alheri. Ganinsa a masallaci ba ya nufin magana ta mutu. Sashe na 14 na tsarin mulkin Ghana na 1992 ya ce wanda aka kama a kai shi gaban alƙali cikin awa 48 ko a sake shi, kuma tun hukuncin Kotun Ƙoli na 2016 a ƙarar da lauya Martin Kpebu ya shigar, babu laifin da doka ta haramta wa beli. Da ba a ba shi ba ma, lauyansa zai iya nema masa a kotu.

A ƙasar nan alƙali ba ya jan ragamar bincike. 'Yan sanda ne ke yi, ko EOCO, hukumar laifukan kuɗi da aka kafa a 2010, sannan gurfanarwa tana hannun Antoni Janar bisa sashe na 88 na tsarin mulki. Ofishin Mai Gabatar da Ƙara na Musamman, wanda dokar 2017 ta samar, cin hanci da rashawa ya fi shafa. Kotu tana shigowa ne idan masu bincike suka so ci gaba da tsare mutum ko dukiyarsa.

To a nan nake so ki buɗe kunne, domin tsare dukiya ya fi tsare mutum amfani a gare ki. Idan EOCO ce ke riƙe da fayil ɗin, shugabanta na iya ba da umarnin a daskarar da asusun banki, fili ko gidan wanda ake zargi, amma dole ya je kotu cikin kwana 14 a tabbatar da umarnin. Kuma idan wata 12 suka cika ba a tuhumi mutumin ba, kotu za ta saki dukiyar. Ku kuma kun ci wata takwas. Saboda haka ku daina tambayar yaushe za a ɗaure shi. Ku rubuta takarda, ku sa hannu ku da yawa, ku tambaya: an daskarar da wani abu? Ranar yaushe? A wace kotu? A buga muku hatimi a kwafinku. Idan aka yi muku shiru, lauya na iya neman Babbar Kotu a Adum ta tilasta wa jami'i yin aikin da doka ta ɗora masa. Sai dai alƙali ba zai ce lallai a tuhumi wane ba, wannan ba huruminsa ba ne.

Ɗauri kuma ba ya haifar da kuɗi. William Ato Essien na Capital Bank, wanda Babban Bankin Ghana ya soke lasisinsa a 2017, ya yi yarjejeniya a gaban kotu zai mayar da sidi miliyan 90. Ya ba da 30 a farko, ya kasa cika sauran, aka yanke masa shekara 15 a Oktoban 2023. Wancan ƙaton banki ne, gwamnati ce ke bin kuɗin, amma ko a can abin da aka kama a hannu shi ne aka samu.

Naku ƙungiya ce, ku ne masu ita. Ku kai kuka Sashen Ƙungiyoyin Gama-kai, wanda ke da ikon binciken littattafanta a ƙarƙashin dokar 1968, ku sanar da CUA, uwar irin waɗannan ƙungiyoyi, ku fara tabbatar ma taku tana da rajista. Na sha ganin ɗan littafin ajiya an naɗe shi a leda, ya sha mai da gumi, rabin shafukan babu sa hannun mai karɓa, don “ai ɗan unguwa ne”. Ki ɗauki hoton kowane shafi yau, ki haɗa da saƙonnin Momo idan ta waya kike turawa, kada ki miƙa wa kowa na asalin.

Manyan zango za su zo da batun sulhu, na sani. Ban hana ba, amma duk abin da ya yi alkawarin biya a rubuta a kai gaban alƙali ya zama hukunci, kuma kada wata ta janye kokenta kafin kashin farko ya shiga hannu.