Amsa: Me ya sa suke wasa da maganar giya a fim?

Malam Sani, ka tambayi dalilin da ya sa masu gajerun finafinai na Lituwaniya, wata ƙasa a Turai, ke nuna shaye-shaye kamar mafarki mai ban dariya, ba su fito da wa'azi ƙarara ba.

A ganina ciwon ne ya yi musu yawa. Giya ta daɗe tana cin ƙasar. Tun 1858 Bishop Valančius, wani babban limamin coci a ƙasar, ya ja mutane suka yi rantsuwar barinta. A Janairun 2018 gwamnati ta ɗaga shekarun sayen giya zuwa 20, ta hana tallarta, ranar Lahadi kuma shago ba ya sayar da ita bayan ƙarfe uku na rana.

Wanda ya tashi gidan mashayi ya ƙoshi da wa'azi. Amma a ce an nuna uba zaune a kicin, kwalba na ƙara girma har ta cika ɗakin, yarinya na raɓe jikin bango da kwanonta. Za ka yi dariya, sai ƙirjinka ya yi nauyi. Zamanin da ƙasar ke cikin Tarayyar Sobiyat ma, da ake tace komai, mutanenta sun saba faɗin gaskiya a lulluɓe, kuma hannun bai manta ba.