Amsoshin tambayoyinku: maganin da ake ɗigawa kafin a duba ido

Wata uwa daga Zariya ta rubuto hankalinta a tashe. Ta kai ɗanta ɗan shekara 7 a gwada masa gilashi, aka ɗiga masa magani, to har washegari baƙin tsakiyar idonsa a buɗe yake warwar, ya kasa karatu, in ya fita rana sai ya runtse ido yana kuka. Tana tambaya ko sun ɓata masa ido ne.

Kwantar da hankalinki 'yar'uwa, babu abin da ya ɓaci in sha Allahu. Da gangan ake buɗe shi, don ta wannan 'yar ƙofar likita ke leƙa bayan ido, in tana a tsuke ba zai ga komai sosai ba. Manya yawanci tropicamide ake ɗiga musu, cikin minti 20 zuwa 30 ya kama, bayan awa 4 zuwa 6 ya saki. Yara kuma idonsu na da ƙarfin matsowa, in ba a kwantar da shi ba sai awon gilashin ya fito ba daidai ba, shi ya sa ake sa musu cyclopentolate wanda kan kai kwana guda ko ya ɗan wuce. In kuma atropine ne to har sati ɗaya zuwa biyu yana yi. Ki kira asibitin ki ji wanne aka sa masa, ki gaya wa malaminsa a ɗaga masa ƙafa, ki sa masa hular hana-sallah in zai fita. Amma in kika ga fuskarsa ta yi ja, jiki ya yi zafi, baki ya bushe, ko yana surutai, ki mayar da shi nan take. Allah ya raya mana shi.

Wani mai adaidaita a Kano, mai ciwon suga, ya ce shi fa a duba shi haka nan ba ɗigawa, don yini guda ba aiki asara ce.

Malam na san balas ba ya jira, amma kai ne ma ka fi kowa buƙatar a buɗe idon, aƙalla sau ɗaya a shekara. Suga na cin jijiyoyin bayan ido shiru ba ciwo, sai gani ya fara tafiya mutum ya farga. Ka je ranar da ba ka fita, ka tafi da ɗan rakiya, kuma don Allah kar ka ɗauki fasinja kana ganin dishi-dishi, ran mutane ne a bayanka.

Sai wanda ya tayar min da hankali, daga Gusau. Wai bayan an ɗiga masa ya gaji da jiran idon ya dawo, sai ya shiga kemis, yaron shagon ya miƙo masa wani maganin ɗigawa ya ce yana wanke ido, yana tambaya ko akwai wanda ya fi shi sauri ya saya.

Babu! Ka ajiye kuɗinka, idon da kansa zai koma. Ni dai wannan hali namu na damuna wallahi, mutum zai zagaye kasuwar waya ta Farm Centre a Kano kaf kafin ya sayi waya, ya duba caja ya duba batir, amma abin da zai ɗiga a idonsa ko sunan ba ya karantawa. Da yawa daga cikin abin da ake miƙo wa mutane da sunan "wanke ido" masu steroid ne, irin su dexamethasone da betamethasone, kuma abin da ke yaudarar mutane shi ne da gaske suna aiki, jan ido ya tafi, ƙaiƙayi ya tsaya, sai mutum ya mayar da shi kamar kwalli yana ɗigawa wata da watanni, alhali a wasu mutanen yana hawar da matsin cikin ido har ya zama gilakoma, ganin da gilakoma ta ɗauke kuwa ba ya dawowa, sannan yana jawo yanar ido, in kuma da gyambo a idon sai ya ƙara ci. Wannan fa na gasken ke nan. Balle jabu, wanda ake tallarsa a tasha cikin jaka, ya sha rana ya sha ƙura, rubutun kwalin ya koɗe, ba lambar NAFDAC ko an goge ranar lalacewa. Haka lokacin afolo, kwalba ɗaya za ta zagaye gida, kowa ya dangwala bakinta a idonsa ya miƙa wa na gaba. Maganin ido in an buɗe shi ya yi wata guda zubarwa ake yi, kuma na mutum ɗaya ne.

Kuma ka ji wannan da kyau, kai da duk wanda aka ɗiga wa. In bayan 'yan awanni ido ya kama ciwo mai tsanani, ya yi jawur, ga ciwon kai da amai, kana ganin zobba kewaye da fitila, wannan ba na kemis ba ne kuma ba na jiran gari ya waye ba ne. Ba kasafai yake faruwa ba, amma a wasu mutane hanyar fitar ruwan ido tsukakkiya ce, buɗewar na iya toshe ta. Koma asibitin ido a daren. Na kusa da Kaduna ga National Eye Centre, na Kano ga asibitin ido na ECWA. In kuma akwai gilakoma a danginku ka faɗa tun kafin a ɗiga.

Wani ɗalibi na tambaya ko baƙin gilashin bakin titi zai wadatar a ranar. Don ka isa gida ya yi, ya fi babu. Na yau da kullum kuwa ka nemi mai UV400, wato mai tare hasken rana da ke cutar da ido, a shagon gilashi na gaske, don sitika kowa na iya mannawa, kuma duhun gilashi daban, tare hasken da ke cutarwa daban.

Wata kuma wai idonta ya yi mata kyau da aka buɗe shi, ina za ta samu ta saya saboda ranar kamu. Haba yarinya! Amaryar da ba ta ganin wayarta, fitilun masu hoto na sa ta hawaye kwalliya na zuba? Ba zan faɗa miki ba, kuma duk mai kemis ɗin da ya sayar miki ba takardar likita ya cuce ki.